Yadda ake haɗa gajeren fim ɗin katun da kwali da waya, kan labarin farkon duniya na mutanen Haudenosaunee

Masu son fara katun da yawa suna zaton sai da babbar kwamfuta da allon zane mai tsada, alhali da kwali baƙi da almakashi da wayar da ke hannunka za ka iya fitar da fim na minti uku wanda mutum zai zauna ya kalla har ƙarshe. Irin aikin da zan koya maka shi ne na inuwa, wato ka yanka siffofi da kwali ka shimfiɗa su kan gilashi mai haske daga ƙasa, ka ɗauki hoto, ka ɗan motsa su, ka sake ɗauka. Moustapha Alassane na Nijar tun shekarun 1960 yake yin katun da kayan da bai kai namu na yau ba, to mu ba mu da uzuri.

Labarin da zan yi misali da shi na Haudenosaunee ne, waɗanda Turawa ke kira Iroquois, 'yan asalin yankin da yau ya zama jihar New York ta Amurka da Ontario da Quebec a Kanada. Ƙabilu shida ne a haɗe: Mohawk, Oneida, Onondaga, Cayuga, Seneca da Tuscarora. A taƙaice labarin ya ce akwai wata duniya a sama, aka tuge wata babbar bishiya sai rami ya buɗe, wata mata mai juna biyu ta faɗo ta ramin, ƙasa kuwa babu komai sai ruwa. Tsuntsayen ruwa suka tare ta da fukafukansu suka sauke ta a bayan kififiya, dabbobi suka yi ta nitso neman laka, a ƙarshe wani ɗan ƙaramin dabba mai kama da gafiya da ake kira muskrat ya samo 'yar kaɗan, aka ɗora a bayan kififiyar, matar ta yi ta zagayawa a kai ƙasa tana faɗaɗa. Na zaɓe shi ne don kusan komai a cikinsa motsi ne da siffa, faɗowa, fuka-fuki, nitso, zagaye, ba sai an yi ta motsa baki ba, kuma motsa baki shi ne abin da ya fi karya sabon shiga.

Kayan da za ka tanada

Waya mai kyamara, ko ta Android ce mai sauƙin kuɗi ta isa, da manhajar Stop Motion Studio a kai. Kwali baƙi mai ɗan kauri kamar guda biyar, almakashi ƙarami mai kaifi, sabuwar reza, fensir fari ko alli don zana a kan baƙi, zare baƙi da allura. Gilashi mai faɗi ɗaya, katan babba irin na taliya, farar takarda mara layi, fitila mai caji. Salatef na takarda, yashi mai laushi da aka tankaɗe kamar kofi ɗaya, leda shuɗiya mai shara-shara, tsinken sakace. Iyafis mai waya wanda ke da maɓallin ƙara sauti. Don haɗawa a ƙarshe CapCut a waya, ko Audacity da DaVinci Resolve in kana da kwamfuta.

In babu gilashi mai faɗi, gilashin firem ɗin hoto ya wadatar, kawai ka lulluɓe gefensa da salatef kar ya yanke ka. In babu baƙin kwali ka shafa wa kwalin magani ko na sabulu baƙar tawada, tunda haske daga ƙasa yake duk abin da haske bai ratsa ba zai fito baƙi ne.

1. Ka samo labarin daga bakin masu shi, ka tsaya a kan riwaya ɗaya

Wannan matakin shi ne mutane suka fi tsallakewa kuma shi ya fi kowanne muhimmanci. Mutanen nan suna nan da ransu, suna da sarakunansu na gargajiya da makarantunsu, labarin kuma ba abin wasan yara ba ne a wurinsu, da shi suke fahimtar matsayin mace da na ƙasa da na shuka. Kuma ba riwaya ɗaya ba ce. J.N.B. Hewitt, wanda shi kansa jinin Tuscarora ne, ya wallafa riwayoyi uku a 1903, ta Onondaga da ta Seneca da ta Mohawk, kuma sun bambanta. A wata an ce tura ta aka yi, a wata leƙawa ta yi ta zame, dabbar da ta samo lakar ma takan canza. Kuskuren da aka fi yi shi ne mutum ya tsinto nan ya tsinto can daga shafuka biyar ya haɗa, sai ya fito da labarin da babu ƙabilar da za ta ce nata ne. Ka zaɓi guda, ka rubuta a littafinka ta wace ƙabila ce kuma wa ya ba da ita.

Ka fara da abin da su da kansu suka wallafa. Onondaga suna da shafinsu na intanet, akwai cibiyar al'adu ta Woodland Cultural Centre a garin Brantford na Ontario, akwai Ganondagan a jihar New York wanda ke kula da tarihin Seneca. Ka rubuta musu gajeren saƙo da ladabi, ka ce kai wane ne, daga ina, me kake son yi, da Hausa za ka yi, kuma ko za ka sami kuɗi da shi ko a'a. Watakila su amsa watakila su yi shiru, amma in suka ce wani sashe kar a taɓa to ka bar shi. Akwai abin da ba sai ka tambaya ba: fuskokin katako da suke amfani da su wajen magani sun riga sun bayyana wa duniya cewa ba sa son a nuna su ko a zana su, kar ka saka don ƙawa. Haka waƙoƙin ibadarsu, kar ka ciro daga YouTube ka liƙa. Wasu daga cikinsu ma sun fi son a ba da irin waɗannan labarai a lokacin sanyi, mu da muka tashi ana hana mu tatsuniya da rana ai ba za mu yi mamakin wannan ba.

Sai batun da na san yana ran wasu, na addini. Ni dai yadda nake yi, farkon fim nake sa rubutu da murya cewa wannan labari ne da al'ummar kaza suka gada daga kakanninsu kan yadda ƙasa ta samu, don mai kallo ya san ana nuna masa abin da wasu mutane ke faɗa ne, ba aƙida ake koya masa ba. Ba na zana wani abu in ce shi ne Mahalicci, kuma ba na yi wa labarin ba'a. In zuciyarka ba ta kwanta ba ka tambayi malaminka kafin ka yanka kwali ko ɗaya.

2. Ka datse labarin ya dawo minti uku

Cikakken labarin dogo ne ƙwarai, bayan ƙasa ta samu akwai 'yar da matar ta haifa, akwai tagwayen da 'yar ta haifa ta rasu wajen haihuwarsu, akwai masara da wake da kabewa da suka tsiro daga kabarinta. Kar ka ce duk sai ka saka. A fim na farko ka tsaya daga buɗewar rami zuwa lokacin da ƙasa ta faɗaɗa, shi kenan. Ka rubuta abin da mai ba da labari zai faɗa, kalmomi 250 zuwa 300, jimloli gajeru, sannan ka goge duk abin da ido zai gani da kansa. In hoto na nuna tsuntsaye suna tashi ba sai murya ta ce tsuntsaye suka tashi ba.

3. Murya kafin hoto

Ka ɗauki murya tun kafin ka zana komai, domin ita za ta faɗa maka tsawon kowane sashe. Ka nemi wanda ya iya ba da labari, in da hali dattijuwa, muryar da ba ta sauri. Ɗakin da ke da katifa da labule da kaya a rataye ya fi ɗakin da babu komai, kuma da dare bayan janaretocin unguwa sun yi shiru ya fi. Wayar ta yi nisan kamar taƙi ɗaya daga baki, a ɗan karkace, kar iskar baki ta buge ta. A karanta sau uku ka zaɓi mafi kyau, ka bar shiru na daƙiƙa biyu zuwa huɗu a wuraren da hoto zai yi magana shi kaɗai, musamman lokacin faɗowa. Daga nan ka saurara da agogo ka rubuta, misali daga daƙiƙa 0 zuwa 20 duniyar sama, 20 zuwa 45 faɗowa, haka har ƙarshe.

4. Zanen tsari

Ka raba takarda gida-gida ka zana abin da za a gani a kowane sashe, zanen banza ma ya isa, gida 15 zuwa 20. Ka ɗauki hotonsu ka jera a CapCut a kan muryar ka kalla. In a nan ya gundure ka to bayan wahalar sati uku ma zai gundure ka, ka gyara yanzu. A nan kuma za ka yanke shawara ko a kwance fim ɗin zai kasance don YouTube ko a tsaye don TikTok da status, don ba a canzawa daga baya ba tare da an yanke kawunan mutane ba.

5. Yankan siffofi

Matar ta kai tsawon kamar santimita 15, a gefe take kallo, don inuwa daga gaba ba ta nuna komai. Ka yanka ta gaɓa-gaɓa: kai, gangar jiki, damtse, hannu, cinya, ƙafa, kowace gaɓa ta ɗan hau kan 'yar'uwarta. A mahaɗar ka huda da allura ka zura zare ka ƙulla ta gaba da baya, ƙullin ya kama amma kar ya matse, ka gwada, in ka ɗaga hannun ya tsaya inda ka bar shi to ya yi. Gashinta ka yanka kala uku, kwantacce, wanda iska ta ɗan ɗaga, da wanda ya tashi sama gaba ɗaya, za ka riƙa musanya su lokacin faɗowa. Kar ka manta cikin da take ɗauke da shi ya fito a inuwar.

Kififiya ce fa ta ruwa, ba kunkurun tudu mai tudun baya ba, bayanta a shimfiɗe yake. Ka yanka ta biyu, ɗaya daga gefe ɗaya daga sama. A ta saman ka bi da reza ka fitar da siraran layuka tsakanin ɓawon bayanta, manyan gidaje 13 ne a tsakiya, biyar a jere a kan kashin baya, huɗu dama huɗu hagu, haske zai ratso ta layukan ya yi kyau sosai, kuma da yawa daga 'yan asalin yankin suna danganta wannan 13 da watanni 13 na shekara a nasu lissafin. Tsuntsu ɗaya ka yanka da fukafukai masu motsi, sauran ƙanana ka yi su da siffa uku, fiffike sama, tsakiya, ƙasa.

Hattara da kayan da finafinan kaboyi suka cusa mana a kai. Doguwar hular gashin tsuntsu mai saukowa har baya da tantin fata mai tsini na mutanen filayen yamma ne, ba na Haudenosaunee ba. Su dogon gida suke yi na itace da ɓawon bishiya mai rufin da ya lanƙwasa, iyalai da yawa a ciki. In za ka nuna gida a duniyar sama wannan za ka yanka.

6. Akwatin haske da kafa waya

Ka manna farar takarda a cikin katan ta ko'ina, ka sa fitila a ƙasa tana haska gefe, kar ta haska sama kai tsaye don za ta yi farin tabo a tsakiya. Ka ɗora gilashi a bakin katan, farar takarda a kan gilashin, ka manne ta da salatef. Wayar tana sama tana kallon ƙasa, in babu abin riƙewa ka ɗora katako tsakanin kujeru biyu ka kwantar da wayar kyamararta na leƙowa ta gefe, ka ɗaure da roba. Komai a manne shi da ƙasa da salatef, kujerun, katan ɗin, katakon, don in abu ya gusa ko da kaɗan ne a tsakiyar ɗauka hoton zai yi tsalle.

Kar ka yi amfani da ƙwan wutar gida, ƙarfinta na hawa da sauka kuma ana iya ɗauke ta kana tsaka da aiki. Fitila mai caji ma tana dusashewa in batir ya yi ƙasa, saboda haka ka cika ta ko ka jona ta da power bank. Ka rufe taga da bargo, ka kashe fanka don tana kwashe ƙananan kwalaye, ka sa waya a yanayin jirgi kar kira ya girgiza ta. A cikin manhajar ka kulle haske da saitin gani su daina canza kansu, wannan shi ne maganin ƙyaftawar da kake gani a finafinan masu koyo. Lokacin hunturu ka goge gilashi da idon kyamara kafin kowane zama.

7. Ɗauka

Ka saita hoto 12 a daƙiƙa. Lissafin shi ne minti uku daƙiƙa 180 ne, sau 12 ya ba ka hoto 2160, kar ya tsorata ka, domin wuraren da abu ke tsaye ana maimaita hoto ɗaya ne, kuma motsin da ke komawa kamar kaɗa fiffike ana ɗaukar hoto shida zuwa takwas a yi ta juya su. Ka kunna saitin da ke nuna inuwar hoton baya a kan na yanzu don ka ga nisan da ka motsa. Ka riƙa dannawa da maɓallin iyafis, kar ka taɓa wayar, kuma ka janye hannunka gaba ɗaya kafin ka danna. Motsi kaɗan-kaɗan, milimita biyu zuwa uku, da tsinken sakace kake turawa. Kowane motsi ya fara a hankali, ya yi sauri a tsakiya, ya ƙare a hankali, wato tazarar farko ƙarama, ta tsakiya babba, ta ƙarshe ƙarama, in ka yi tazara iri ɗaya sai ya zama kamar inji.

Ka fara da sashe mafi sauƙi, ba da farkon labari ba, hannunka ya saba tukun. Faɗowa tana da dabara: kar ka motsa matar zuwa ƙasa don cikin daƙiƙa biyu za ta fice daga hoto, ka bar ta a tsakiya tana ɗan juyawa gashi da tufa na tashi, sai ka riƙa tura gajimaren da ka yaga daga siririyar takarda zuwa sama. Ido zai ce ita ce ke faɗowa, kuma za ka iya jan ta daƙiƙa ashirin in ka so. Ruwa kuma leda shuɗiya ce falle biyu ko uku da aka yanka bakinsu kamar igiyar ruwa, ɗaya ka tura dama ɗaya hagu, inda suka hau juna launin zai yi duhu ya ba ka zurfi.

Nitso ka ba shi lokaci don nan ne zuciyar labarin. Manyan dabbobi su fara, kowanne ya sauka ya dawo hannu wofi, kowane nitso ya fi na baya zurfi, ka riƙa ƙara falle na leda don duhu ya ƙaru. Idan ɗan ƙaramin ya sauka ka bar hoton saman ruwa babu kowa daƙiƙa uku ko huɗu, babu murya. A riwayoyi da dama ya taso ne a mace da lakar a dunƙule a hannunsa, in ita ka zaɓa kar ka sassauta ta don yara, ka nuna shi yana tasowa a hankali cikinsa a sama, sannan hoto na kusa da aka buɗe ɗan hannun. Don wannan hoton ka yanka hannu babba dabam mai yatsu masu motsi.

Faɗaɗar ƙasa da yashi ake yi. Ka sa kififiyar da aka gani daga sama, ka zuba ɗan yashi kamar ƙwayar gero biyar a tsakiyar bayanta, kowane hoto ka ƙara kaɗan ka baza da yatsa ko gashin kaza zuwa waje, matar tana zagayawa a gefen. Zagayen ya zama saɓanin tafiyar hannun agogo, haka raye-rayensu na taro suke tafiya har yau, in ka juya shi duk wanda ya san al'adar zai gane nan take. Wannan sashen ka yi shi a zama ɗaya don yashi ba ya komawa yadda yake in aka taɓa, kuma ka bar shi ya zama na ƙarshe a ranar don yana ɓata gilashi.

Bayan kowane sashe ka fitar da shi ka tura wani wuri, katin memori ko kwamfuta. Hotuna dubu biyu suna cin wuri, kuma waya in ta cika takan rufe manhaja ba sallama.

Wanda ya fi son zane a kan allo zai iya bin duk matakan nan da FlipaClip a waya ko Krita a kwamfuta, tsarin ɗaya ne, sai dai yashin da hasken gaske ba za su fito daidai ba.

8. Sauti da haɗawa

Ka jera sassan a kan muryar. Sauran sautin a gida za ka yi shi: hannu a cikin bokitin ruwa don nitso, kaɗa zani ko mafici don fukafukai, hura iska a bakin kwalba don faɗowa, yashi a kan faranti don ƙasa. Kiɗa ba dole ba ne. In za ka sa to ya zama mai sauƙi wanda kai ka yi, kuma kar ka kwaikwayi abin da kake zaton kiɗansu ne, kar kuma ka sa kalangu mai kallo ya ɗauka a Kano abin ya faru. Muryar mai labari ta fi komai ƙarfi, sauran ka sauke su ƙasa sosai, ka gwada saurare da lasifikar waya don da ita yawancin mutane za su ji.

9. Sunaye da fitarwa

A ƙarshen fim ka rubuta sunan ƙabilar da riwayar ta fito, wanda ya ba da ita in an san shi, da cewa kai ka mayar da ita Hausa ka taƙaita. Ka sa fassarar Turanci a ƙasa ko don su masu labarin su iya bi, ka tura wa cibiyar da ka tuntuɓa kafin ka saki, ka ba su sati biyu ko uku, in suka nuna gyara ka yi. Ka fitar a ingancin hoto na 1080p, ka ajiye babban kwafin, wanda za ka tura ta WhatsApp ka tura shi a matsayin fayil don kar a matse shi duhun ya farfashe. Siffofin kwalin ka jera su a cikin babban littafi tsakanin shafuka kar su lanƙwashe, don in za ka ci gaba zuwa sashen tagwaye da masara da wake da kabewa da su za ka sake aiki, kuma kafin nan ka koma mataki na ɗaya, domin sashen tagwayen ne aka fi ɓatawa ana mayar da su na kirki da shaiɗani alhali a riwayoyin masu shi abin ya fi haka zurfi.